Tsofaffin finafinan Faransa marasa magana: me ya kawo ƙauye da wa'azi a cikinsu?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne mai karantar aikin jarida da fim. An ba mu aikin kallon gajerun finafinan Faransa na farko-farko, marasa magana, na tsakanin 1895 da 1914. Na lura da dama daga cikinsu a ƙauye ake yin su, ko a gona, ko a lambu, kuma kusan kullum da darasi suke ƙarewa: ɓarawo ya shiga hannu, marowaci ya yi asara, mashayi ya lalace. Shin faɗakarwa masu yin su suka sa a gaba? Kuma haka rayuwar ƙauyen Faransa take a wancan lokaci? Allah ya ƙara basira.

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah, ƙanena. Amin, na gode. Ka yi kallo da idon basira, domin abin da ka lura da shi yana nan da gaske. Amma tun da wuri ka riƙe wannan: mutanen da suka yi finafinan nan 'yan kasuwa ne mazauna Paris da Lyon, kuma abinci suke nema. Darasin da ka gani ya shiga fim ne saboda shi ne hanya mafi gajarta ta ba da labari ba tare da baki ba. Ƙauyen da ka gani kuwa, a yawancinsu, ƙauye ne yadda ɗan birni yake so ya gan shi. Bari in bi maka abin daki-daki, don akwai wuraren da wannan hukunci nawa bai hau kansu ba, kuma su ne suka fi daɗin kallo.

Ranar 28 ga Disamba 1895 'yan'uwan nan biyu, Auguste da Louis Lumière, suka sa aka nuna finafinai goma ga 'yan kallo masu biyan kuɗi a wani ɗaki da ke ƙarƙashin Grand Café a Paris. Kusan dukkansu hoton abin da ke faruwa ne kawai: ma'aikata suna fitowa daga masana'anta, ana ba jariri abinci, maƙera suna aiki. Guda ɗaya ya fita daban, wanda daga baya ya shahara da sunan L'Arroseur arrosé, wato mai ban-ruwa da aka yi wa ban-ruwa. Wani mai lambu yana shayar da shuka da tiyo, sai yaro ya lallaɓo ta baya ya taka tiyon, ruwa ya tsaya. Mutumin ya juyo da bakin tiyo yana leƙawa don ya ga abin da ya toshe shi, yaro ya ɗage ƙafa, ruwa ya wanke masa fuska. Ya bi yaron da gudu, ya kama shi, ya ba shi kashi. Duka bai kai minti ɗaya ba. Mai lambun ma ba ɗan wasa ba ne, François Clerc ne, ma'aikacin lambun gidan su Lumière.

Idan ka sake kallonsa, ka lura da wani abu. Da ya kama yaron can nesa, ba a nan ya hukunta shi ba, sai da ya jawo shi ya dawo da shi gaban kyamara. Kyamarar a kafe take, ba ta juyawa, ga shi kuma dole 'yan kallo su ga hukuncin da idonsu, in ba haka ba labari bai cika ba. A cikin daƙiƙu kusan hamsin an samu farko, an samu tsakiya, an samu ƙarshe: laifi, ɓarna, sakayya. Wannan gini shi ne aka yi ta maimaitawa har shekara ashirin, ana ƙara masa tsawo da ado.

Ka sa kanka a matsayin mai shirya fim na lokacin. Zaren fim ɗin da kyamarar Lumière ke ɗauka mita 17 ne, wanda bai cika minti guda ba. Ko da aka kai 1905 zuwa 1908, yawancin finafinan labari minti biyar ne zuwa goma, ko su ɗan ɗara. Babu murya. Rubutun da ake sakawa tsakanin fitowa da fitowa kaɗan ne, sau da yawa suna ne kawai na fitowar. Kyamara tana tsaye nesa, tana ɗaukar mutum daga kai har ƙafa, don haka fuska ba ta iya faɗin abin da ke zuci sosai. To ta yaya ɗan kallo zai san wane ne wane kafin minti ɗaya ya wuce? Sai da tufafi, da kuma labarin da ya riga ya sani. A nan ƙauye ya yi musu rana ƙwarai, domin mutanensa kowa da alamarsa a jiki: fada, wato limamin coci, da baƙar doguwar rigarsa, jandarma, wato ɗan sandan karkara, da hularsa, manomi da taguwarsa da takalmin katako, mai gadin daji da bindigarsa, ɗan yawon duniya da sanda da ƙunshi. Da mutum ya shigo an san shi, an kuma san abin da ake tsammani daga gare shi. A titin Paris kuwa, mutum goma masu kwat da malafa ba ka rabe na kirki da mugu sai an yi magana.

Labaran ma tuni suna cikin kan jama'a. Dokokin ministan ilimi Jules Ferry na 1881 da 1882 sun mai da karatun firamare kyauta kuma tilas daga shekara 6 zuwa 13, suka cire darasin addini daga makarantun gwamnati suka sa darasin tarbiyya da sanin haƙƙin ɗan ƙasa a madadinsa. Yaro ba ya fita makaranta bai haddace wasu daga cikin tatsuniyoyin marubucin nan La Fontaine ba, waɗanda kowace take da darasinta. A coci ana koya masa labaran Linjila. A gida kuma akwai takardun zane masu launi da ake bugawa a garin Épinal, waɗanda 'yan koli suke yawo da su ƙauye-ƙauye: takarda guda, ƙananan hotuna a jere, kowane da layin rubutu a ƙarƙashinsa, yaro mara ji ya ga ta kansa a hoton ƙarshe. Ko wasan tiyon nan na Lumière, masu zanen barkwanci sun riga sun zana shi tun shekarun 1880. Masu fim sun ɗauki abin da ya riga ya karɓu ne suka sa shi motsi.

Misalin da na fi son nuna wa ɗalibai shi ne La Poule aux œufs d'or, kaza mai ƙwan zinariya, wanda Gaston Velle ya yi wa kamfanin Pathé a 1905. Asalinsa tatsuniyar La Fontaine ce mai 'yan layuka: mutum ya yanka kazar da ke masa ƙwan zinariya don ya kwashe dukiyar cikinta gaba ɗaya, ya tarar ba ta da bambanci da sauran kaji. Kwaɗayi mabuɗin wahala, kowa ya sani. Fim ɗin ya raba labarin kashi huɗu: cacar boka a kasuwa inda baƙauye ya ci kazar, akurkin abin mamaki, arziki mara daɗewa, sai hukuncin marowaci. Amma ka riƙe agogo ka duba inda lokacin ya tafi. Ya tafi ne wajen kaji da ke rikiɗa su zama mata masu rawa, da ƙwai da ke fashewa abubuwa su fito, da launukan da aka shafa wa hoton. Pathé yana da ɗaruruwan mata ma'aikata a Vincennes waɗanda aikinsu ke nan, su yanka tagogi a jikin kwafin fim, a bi ta tagogin a shafa launi, hoto bayan hoto. Wannan kuɗi da wahala ba don darasi aka kashe su ba, an kashe su ne don ido ya sha kallo. Darasin shi ne zaren da ya ɗinke abubuwan mamakin wuri ɗaya, ya kuma ba fim ɗin inda zai tsaya.

Haka abin yake a finafinan ban tausayi. A 1902 Ferdinand Zecca ya yi Les Victimes de l'alcoolisme, labarin magidanci da barasa ta cinye, cikin fitowa biyar: gida cikin rufin asiri, shiga mashaya ta farko, lalacewa, talauci, sai gidan mahaukata. Wannan lebura ne na birni, amma tsanin gangarowar shi ne aka yi ta amfani da shi a labaran ƙauye. Matsalar shan barasa kuwa gaskiya ce a Faransa ta lokacin, har ta kai gwamnati ta haramta giyar absinthe a 1915. Sai dai mutanen da suka cika rumfar kallo, abin da suka fi jira shi ne fitowa ta biyar, inda ɗan wasa yake birgima yana fizge-fizge.

Wanda ya fi waɗannan taushi shi ne Le Chemineau na Albert Capellani, wajen 1905. Wani matafiyi mara galihu yana tafe cikin dusar ƙanƙara, yana ƙwanƙwasa ƙofofi ana korarsa, har fadan garin ya buɗe masa, ya ciyar da shi, ya ba shi makwanci. Cikin dare ya sace kayan azurfa ya gudu, jandarmomi suka kamo shi suka dawo da shi, fada ya rufa masa asiri. An ciro shi ne daga littafin Victor Hugo, Les Misérables, daga wurin da kowane mai karatu a Faransa ya sani. Dubi yadda fim na 'yan mintoci ya ɗauki nauyin babban labari saboda 'yan kallo ne suke cike gibin da kansu. Kuma a nan darasin ya juya: ƙofofin da aka rufe wa baƙo su ma suna cikin abin da ake tuhuma.

Yanzu batun kasuwa. Har zuwa 1907 sayar da fim ake yi, kuma da mita ake sayar da shi, yadda ake yankar yadi a kanti. Manyan masu saye su ne masu yawo da rumfunan wasa daga wannan kasuwar shekara zuwa waccan, da kekunan dawakinsu da injin ba da wutarsu, su kafa tanti kusa da masu dambe da masu nuna namun daji. Gobarar kasuwar tara sadaka ta Bazar de la Charité ta 4 ga Mayu 1897 a Paris, wadda ta tashi daga fitilar na'urar haska fim ta kashe mutum fiye da 120, akasarinsu matan manyan gida, ta ƙara sa masu hali suna ɗari-ɗari da wannan sabon abu na wani lokaci. Mai rumfa yakan haɗa gajerun finafinai da yawa a zama ɗaya: na dariya, na dabo, na labarin duniya, na kuka. Yakan tsaya gefen farin ƙyallen, ko ya sa wani, yana bayani da babbar murya, yana ƙara gishiri. Abin da yake so shi ne kayan da zai nuna wa uwa da 'ya'yanta da soja da kaka a benci ɗaya ba wanda ya tashi cikin fushi, kuma ya yi ta nuna shi gari-gari har zaren ya tsufa. Labari mai darasi ba ya tsufa da wuri.

Kundin tallan Pathé ma rabe-rabe yake da shi kamar na kowane ɗan kasuwa: na barkwanci, na dabo, na tatsuniya, na ban tausayi da zahiri, na addini, na filin Allah. Kafin 1908 kamfanin yana da ofisoshi a London, Berlin, Moscow da New York, kuma zakaran nan tambarinsa ya cika ƙananan gidajen kallo na Amurka. Fim ɗin da za a gane shi a Rasha a kuma gane shi a unguwar baƙin haure a New York dole ya tsaya a kan abin da duk ɗan Adam ya sani: kishiyar uwa mai zalunci, ɗa mai biyayya, mai rowa, mai kyauta. A 1907 Pathé ya daina sayarwa ya koma ba da haya, gidajen silima na dindindin suka fara yawa a birane, masu rumfa suka fara ja da baya.

Ban ce babu masu niyyar faɗakarwa ba sam. Akwai su, kuma rigima ce mai zafi ta haife su. A shekarun nan cocin Katolika da gwamnatin jamhuriya suna kokawa a kan wa zai tarbiyyantar da yaran Faransa, har aka kai ga dokar 9 ga Disamba 1905 da ta raba coci da gwamnati, ta kuma tsayar da albashin da gwamnati ke biyan limaman coci. Kowane ɓangare ya riga ya saba amfani da fitilar haska hotuna marasa motsi wajen koyarwa. Ɓangaren makarantun gwamnati yana da ƙungiyar Ligue de l'enseignement, wadda aka kafa a 1866. Ɓangaren coci yana da kamfanin ɗab'i na Bonne Presse, wanda ya buɗe sashen haska hotuna ƙarƙashin Georges-Michel Coissac, ya fara fitar da mujallar Le Fascinateur a 1903 don koya wa limamai wannan aiki. Wasu limaman har cikin coci suke nuna fim, sai da fadar Paparoma ta hana a 1912. Waɗannan mutane kasuwa ce babba, kuma kamfanoni sun san da su.

Da wannan ido za ka kalli Le Noël de monsieur le curé na 1906, daga kamfanin Gaumont, lokacin da Alice Guy take shugabantar shirya finafinansa. Fadan wani ƙauye yana son sayen mutum-mutumin jariri da Kiristoci ke kwantarwa a komin dabbobi lokacin Kirsimeti don tuna haihuwar Annabi Isa. Ya bi gidajen mabiyansa neman taimako, ya tarar talakawa ne, abin da aka samu bai kai kuɗin ba. Daren bikin ya yi addu'a, sai aka cike masa gurbin ta hanyar mu'ujiza. Mai kallo na yau zai ce labarin yara ne. Mai kallo na 1906, wanda ya san an yanke wa fadan garinsu albashi watannin baya, ya san inda fim ɗin ya dosa.

Akwai kuma tsoron hukuma. A Janairu 1909 ma'aikatar cikin gida ta hana nuna hoton kisan wasu mutum huɗu da aka yanke wa hukunci a garin Béthune, kuma daga nan ake lissafin farkon tace fim a Faransa. A 1912 magadan gari da dama, har da na Lyon, suka hana finafinan da ke nuna ta'asar 'yan fashi. Mai shirya fim da ke son ya nuna sata, duka da kisa ya gane cewa in mugu ya sha hukunci a minti na ƙarshe, yana da abin kare kansa.

Sai tambayarka ta biyu. Faransa ta lokacin ƙasar manoma ce fiye da Ingila nesa ba kusa ba. A ƙidayar 1911 kusan kashi 56 cikin 100 na jama'a a karkara suke, kuma sai a ƙidayar 1931 mutanen birni suka rinjaya. Dubban mazauna Paris a ƙauye aka haife su, sun baro iyaye da gonaki. Su ne suke biyan kuɗin kallo, kuma abin da ake sayar musu iri biyu ne: ko dai ƙauyen kewa, mai coci da rijiya da tsohuwa a bakin murhu, ko kuma baƙauyen da ya shigo birni ana yi masa dariya, wanda ke tabbatar wa ɗan kallo cewa shi ya waye. Cikin gidan manomin da ka gani a finafinai da yawa zane ne a jikin ƙyalle, an kafa shi a ɗakin gilashi, wato ɗakin ɗaukar fim, na Pathé a Vincennes ko Montreuil, ko na Gaumont a unguwar Buttes-Chaumont. Duba da kyau za ka ga tukwane da kwanukan da ke jikin bango da burushi aka yi su.

Abin da ke ci wa manomi tuwo a ƙwarya kuwa da wuya ka same shi a waɗannan gajerun labarai: bashi, rikicin gado da ke tsaga gona har ta kasa ciyar da gida, samari da ke gudu birni, ƙwaron phylloxera da ya kashe gonakin inabi a ƙarshen ƙarni na 19. A 1907 manoman inabi na kudu suka yi bore saboda faɗuwar farashi da giyar jabu, dubban ɗaruruwa suka cika titunan Montpellier, har wata rundunar soja ta ƙi bin umarni. Ga kuma harshe: miliyoyin mutanen karkara Bretananci ko Oksitananci suke yi a gida, Faransanci na makaranta ne. Fim mara magana ya shafe wannan bambanci gaba ɗaya, ya mai da manoman ƙasar duka mutum ɗaya mai takalmin katako.

Amma kada wannan ya sa ka rufe littafinka, domin a nan ne abin da nake ƙauna yake. Kamfanin Lumière ya bar gajerun hotuna fiye da 1,400, kuma a cikinsu akwai na aikin karkara da babu labari, babu darasi: mata suna ƙona ciyawa a gona hayaƙi yana turnuƙe su, mata suna wanki a bakin kogi, ana watsa wa kaji da agwagi tsaba, dabbobi suna jan garma. Waɗannan mutanen gaske ne, da kayan aikinsu na gaske, da yadda suke sunkuyawa da yadda suke ɗaga kaya, abin da babu littafin da zai iya adana shi. 'Yan kallon farko ma sun ji haka. A fim ɗin ciyar da jariri, abin da ya ɗauke hankalin da yawansu shi ne ganyayen bishiya da iska ke kaɗawa a baya, domin a dandalin wasan kwaikwayo ba su taɓa ganin bango ya motsa ba. Duk lokacin da fim ɗin labari ya fita daga ɗakin gilashi, wannan gaskiya takan shigo da kanta. Le Fils du garde-chasse na Gaumont, 1906, labarin ɗan mai gadin daji ne da ya ga mafaraucin sata ya kashe ubansa, ya bi sawu har aka yi sakayya. Labarin ba sabo ba ne, amma hanyoyin, da duwatsun, da katangun gidajen, da hasken ranar duk na gaske ne. Idan kana neman tarihin karkara a finafinan nan, ka riƙa duban gefen hoto da bayansa, inda darakta bai shirya komai ba.

Sai fim ɗin da nake so ka ba lokaci fiye da sauran, Les Vipères, wato kububuwai, na 1911. Louis Feuillade ne ya yi shi, wanda ya gaji Alice Guy a Gaumont a 1907. Shi ɗan Lunel ne, ƙaramin gari a yankin inabi kusa da Montpellier, don haka ya san zaman ƙaramin gari daga ciki. Da wannan fim ya buɗe jerin da ya kira La Vie telle qu'elle est, rayuwa yadda take, inda ya yi alkawarin nuna mutane yadda suke, ko da ba haka ake so su kasance ba. Wata mata ce talauci ya fitar daga gidanta, wani mutumin kirki a ƙauyen ya tausaya mata ya ɗauke ta aiki a gidansa. Babu abin da ya shiga tsakaninsu sai alheri. Amma baki ya fara aiki, daga wannan ƙofa zuwa waccan, har zama ya gagara, matar ta tattara nata ta bar garin. Renée Carl ce ta fito a matsayin matar, kuma ta yi wasan da natsuwa, ba tare da yawan wurgi da hannu irin na shekarun baya ba.

Dubi abin da ya canza. Babu ɓarawo, babu mashayi, babu jandarma da zai zo ya gyara. Masu laifin su ne mutanen kirki na gari, masu zuwa coci, masu gaisuwa da fara'a, kuma babu abin da ya same su. Wadda ba ta yi komai ba ita ta tafi. Shekara goma sha shida ke nan daga ranar da mai lambu ya jawo yaro gaban kyamara don kowa ya ga an hukunta shi, ga shi yanzu an bar ɗan kallo da zaluncin a hannunsa ya tafi da shi gida. A ganina wannan ya fi duk na baya faɗakarwa, domin ɗan kallo ba zai iya cewa da wani ake ba. Duk wanda ya taɓa zama inda kowa ya san kowa ya san yadda tsegumi ke korar mutum daga gari ba tare da an ɗaga masa hannu ba. Gaskiya ne Gaumont ya so jerin ne har da don ba ya cin kuɗi, babu gidan sarki, babu kayan sarakuna, amma arhar ba ta rage masa daraja ba.

Shi kansa manomin bai zama ɗan kallo na yau da kullum ba sai daga baya, domin yawancin ƙauyukan Faransa ba su samu lantarki ba sai a shekarun 1920 da 1930. A lokacin ne aka fara yi masa fim da niyyar koyarwa kai tsaye: ma'aikatar gona ta kafa ma'ajiyar finafinanta a 1923, Pathé kuma ya fitar da ƙaramar na'ura mai suna Pathé-Rural a ƙarshen shekarun 1920 don ƙananan garuruwa. Wannan zubin, na mota ko na'ura da ke zuwa gari da fim mai darasi da mai bayani a gefe, dattawanmu sun san ɗan'uwansa a majigin da Turawan Ingila suka riƙa yawo da shi a Arewa, inda ake nuna mai wayo da ya bi shawarar ma'aikatan lafiya ko na gona da wawan da ya ƙi. Bambancin shi ne majigi hukuma ce ta aiko shi kyauta da saƙonta, su kuwa su Zecca sai sun ja hankalinka ka ciro kuɗi daga aljihu.

Game da aikin da aka ba ku, ga abin da zan ja maka kunne a kai. Finafinan nan da hannu ake juya kyamararsu, wajen hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa. In aka haska su da saurin fim mai magana, hoto 24, sai mutane su riƙa tsalle-tsalle, abin tausayi ya koma abin dariya, don haka ka nemi kwafin da aka gyara saurinsa. Ka tuna kuma ba shiru ake kallonsu ba, akwai mai kiɗa, akwai mai bayani, akwai hayaniyar jama'a. Sannan abin da ya rage mana ɓangare ne kawai na abin da aka yi, domin zaren fim na lokacin yana ruɓewa kuma yana kama wuta da sauƙi, saboda haka kada ka rubuta cewa "duk finafinan lokacin" kaza suke, ka ce waɗanda suka tsira. Cibiyar Lumière da ke Lyon, da ma'ajiyar finafinai ta Cinémathèque française da aka kafa a 1936, da ma'ajiyar Gaumont da Pathé su ne suka adana mafi yawansu, kuma kwafin da suka gyara ya fi wanda ake yaɗawa barkatai a YouTube inganci. A ƙarshe ka yi hattara da sunan darakta. Kafin wajen 1910 ba a rubuta sunan wanda ya shirya fim a jikinsa, tambarin kamfani kawai ake sawa, shi ya sa masana suke saɓani a kan wasu finafinan Gaumont na 1906, ko na Alice Guy ne ko na mataimakanta. In ka zo kawo irin waɗannan a rubutunka, ka fara da sunan kamfani da shekara, sannan ka ce ana jingina shi ga wance ko wane.